Tashar Madara

Riƙe hannuna, Nélida, matakalar nan da santsi.
Hawa ashirin da bakwai ne.
Shekara talatin da ɗaya ina ƙirga su,
ba su taɓa ƙaruwa ba,
gwiwata ce kawai ke musu.

Tsaya nan tsakiyar gada, daga nan ake ganin komai.
Dandamalin dama na masu shiga Buenos Aires ne,
shi ya sa rumfarsa ta fi tsawo:
jiran safe ne ke haɗa mutum da ruwan sama.
Na hagu na masu dawowa ne,
benci biyu kacal, ɗaya ma ƙafarsa uku.
Wanda ya iso gida ba ya neman wurin zama.

Layin can na uku, wanda ciyawa ta cinye,
yanzu ba ya zuwa ko'ina,
amma shi ne uban sauran.
Kafin a yi gari, shanu ne a nan, sai iska,
sai wani Evaristo makiyayi
mai tsayar da jirgi da jan ƙyalle a bakin sanda
don a ɗora masa garwar madara takwas.
Jirgi ya saba tsayawa, aka kafa rumfa.
Rumfa ta ja mai gasa burodi,
mai burodi ya ja maƙeri,
maƙeri ya yi aure.
Kin ji yadda gari ke tsirowa daga madara.

Tankin ƙarfen nan mai dogayen ƙafafu
shi ke shayar da jiragen kwal.
Da lantarki ya zo, ƙishirwa ta ƙare,
tattabaru suka gaje shi ba wasiyya.

Sau uku aka sake wa tashar suna.
Na farko na mai gonar ne, na biyu na wani janar.
Ran da janar ya faɗi, cikin dare aka shafe shi
aka rubuta sunan wata itaciya,
don itace ba ya juyin mulki.
In rana ta karkata, dubi allon da kyau,
haruffan janar na leƙowa ta ƙarƙashin fenti.
Tsofaffi kuwa ba ruwansu,
har gobe Madara suke cewa.

Hanyar ƙarƙashin ƙasa ba za mu bi ta ba.
An haƙa ta shekarar da jirgin ƙarfe shida
ya ɗauke ɗan Anselmo mai keke a mashiga.
Duk damina takan cika har ƙugu,
mutane su koma tsallaka dogo kamar da.

Sauko. Ga ginin jan bulo, ga tagogi biyu.
Ta biyun ce tawa.
Tafin hannun mutane ya cinye katakon har ya yi kwari,
sa yatsanki ki ji.
Ta nan kakarki Ofelia ta miƙo kuɗi wata Talata,
kwabo ɗaya bai cika ba.
Na cika mata.
Laraba ma bai cika ba.
Sai da muka haifi babanki ta faɗa mini
kwabon yana cikin aljihunta tun farko.

Yanzu an toshe tagar da allo.
Ga na'urar can a bango, ba ta barci, ba ta kuskure,
ba ta kuma cika wa kowa kwabo.

Kada ki yarda da agogon sama,
minti huɗu yake baya tun ina saurayi.
An gyara shi sau ɗaya,
rabin unguwa suka makara aiki,
aka taru aka sa mu mayar da shi yadda yake.

Ji, dogo ya fara rawa.
Ɗora katinki a kan na'urar, ni nawa na tsofaffi ne.
Tarago na uku za mu shiga,
ƙofarsa daidai bakin famfon nan take tsayawa.
Ja baya daga layin ɗorawa.
Bari masu sauka su sauka.